Kafin a hana gem a ɗakin taronmu, a zo mu yi lissafi

Rubutun nan yana da ɗan tsawo, wanda datarsa ta kusa ƙarewa ya bari sai dare.

Ban goyi bayan shawarar da ake yawo da ita a guruf ba, cewa a hana buga gem a ɗakin da muke taruwa, wai don gem da caca uwarsu ɗaya ubansu ɗaya. Masu wannan magana mutanen kirki ne, kuma abin da ya tayar musu da hankali gaskiya ne. Akwai ƙannenmu 'yan aji ɗaya da aji biyu da kuɗin rajistarsu ya tafi a betin, kowa ya sani, ba sai an kama suna ba. Amma maganin da aka kawo na wani ciwon ne daban. Zan yi bayani da wani ɗan ƙaramin wasa, wanda na tabbata wanda ya hango shi daga nesa zai rantse caca ce.

Akwai gem ɗin kamfanin Nintendo na Japan mai suna The Legend of Zelda: A Link Between Worlds. Ya fito a 2013, a kan 'yar na'urar hannun nan mai sikirin biyu, wato 3DS. Labari ne irin na tatsuniya: yaro mai suna Link, da takobinsa, da dodanni, da gimbiyar da za a ceto, da duniya biyu, Hyrule da kuma takwararta mai duhu da ake kira Lorule. A cikin Lorule ɗin nan, inda ƙasa ta tsattsage kuma komai ya lalace, sai kawai ka tarar da wani fili an shirya wasan besbol. Sunan wajen Octoball Derby. Mai jefo maka ƙwallon ma dodo ne, irin waɗanda a sauran gem ɗin suke tofo maka duwatsu da baki don su kashe ka. A nan ya samu aikin yi.

Wanda bai san besbol ba: mutum ɗaya ya jefo ƙwallo, ɗaya ya make ta da sanda. Mu nan ba wasanmu ba ne, amma a Japan babban abu ne. Wani malami ɗan Amurka, Horace Wilson, shi ya koya wa ɗalibansa a Tokyo a 1872, yau ga shi gasar 'yan sakandare da ake yi a filin Koshien duk ƙasar take kallo. Nintendo ɗin ma ita ce mai babban kaso a ƙungiyar Seattle Mariners ta Amurka har 2016, tun bayan da shugabanta Hiroshi Yamauchi ya sa kuɗi aka saye ta a 1992. Don haka ba abin mamaki ba ne su cusa besbol a tsakiyar labarin takobi. Da mu ne muka yi gem ɗin, ai langa za ka tarar a filin nan.

To ga yadda ake yi. Za ka biya rufi 50, kuɗin cikin gem ke nan, ba naira ba. A jefo maka ƙwallo sau 30. Filin cike yake da tuluna. Ka fasa na ƙasa, rufi 1. Ka fasa mai ruwan zinare, rufi 5. Wani lokaci hankaka zai gitta ta sama, in ka same shi rufi 20. Akwai kuma ƙaguwa, ita in ka buge ta tulunan da ka fasa duk sai su dawo sababbi. In ka tara 100 a zagaye ɗaya, sai a ba ka gutsuren zuciya. Gutsure huɗu suke haɗa zuciya guda, wato ƙarin rai ga yaron naka.

Kun ji dai: ka sa kuɗi, ka gwada, ka ci ko ka faɗi, in ka faɗi ka sake sakawa. Wallahi in da a nan labarin ya tsaya, ni ma sai na sa hannu a takardar hanin.

Amma ku yi lissafi. Jifa 30, ana neman 100. In kowace ƙwallo ka fasa tulun ƙasa ɗaya, ko sau ɗaya ba ka kuskure ba, 30 za ka tashi da shi. Ma'ana mai bugun ido rufe, yana jiran sa'a ta zo, zai daɗe yana biyan hamsin-hamsin. Dole ka zauna ka fahimci abubuwa biyu da suke hannunka. Na farko yadda Link ya riƙe sandar: akwai tsayuwa uku, ta sama da ta tsakiya da ta ƙasa, ita take yanke ko ƙwallon za ta tashi ta yi nisa ko za ta bi ƙasa. Na biyu lokacin da ka saki bugun. Ka yi sauri ta tafi gefe ɗaya, ka ɗan jinkirta ta tafi ɗaya gefen, ka daidaita ta miƙe tsakiya. Bambancin bai kai ƙiftawar ido ba, amma yatsa yana koyonsa, kamar yadda hannun mai ɗinkin hula yake sanin inda allura za ta fito ba tare da ya leƙa ba.

Daga nan sai dabara. Ka daina bin kowane tulu, ka sa ido a kan masu zinare. In ka cinye su filin ya bushe, to ƙaguwar nan ita ce abar nema, ko da za ka yi asarar ƙwallo biyu uku a kanta, domin ita za ta dawo maka da su. Hankaka kuwa kar ka yi rowar ƙwallo a kansa, shi kaɗai ya kai tulun ƙasa ashirin. Misali hankaka biyu 40, masu zinare goma 50, na ƙasa goma 10. Ɗari ke nan da bugu 22, har kana da rarar takwas na kuskure. Ranar farko za ka iya tashi da ashirin da wani abu kana zagin dodon. Bayan kwana biyu ka wuce sittin. Ran da ka haura ɗari, ka san abin da ya sa ka haura, kuma in aka ce sake, akwai yiwuwar ka sake.

Yanzu ku ɗauko tikitin betin ku ajiye kusa da wannan. Bari mu ɗauki abu mai fuska biyu wanda damarsa daidai take, rabi da rabi. Adalci shi ne wanda ya sa 1,000 ya ci a ba shi 2,000. Mu ce kamfani ya ba da 1.90 a kowane gefe. Kai ka sa dubu a nan, abokinka ya sa dubu a can. An karɓi 2,000, an biya 1,900. Ɗarin nan ta tafi tun kafin alƙalin wasa ya hura usur, ko wa ya ci. Kashi 5 cikin ɗari ke nan a wasa ɗaya. To ƙannen namu ba wasa ɗaya suke sakawa ba, goma suke jerawa a tikiti guda don kuɗin ya yi kauri. Ka ninka 0.95 sau goma a kalkuletar wayarka, za ka ga kusan 0.60. Wato a irin wannan tikitin, in aka daɗe ana yi, kowace dubu da aka zuba kusan ɗari huɗunta na kamfani ne. Shi ya sa kullum labarin ɗaya ne: "wasa ɗaya ne ya yanke min." Ai dama an gina abin ne don wasa ɗaya ya yanke maka. Ka shekara biyar kana nazarin Firimiya, ka haddace sunan duk wanda ya ji rauni a Arsenal, wannan kason ba zai motsa ba. Balle waɗanda ake cewa na kwamfuta, da ake buga wasa a gama cikin 'yan mintuna, nan ko ɗan wasan da za ka yi nazari babu.

A filin tuluna, yawan gwaji yana ƙara maka iyawa, kuma rufin da ka yi asara ciyawa za ka sassara a cikin gem ɗin ka tara wani. In ka karɓi gutsuren zuciyar kuma an gama, babu na biyu. Wajen ba ya turo maka saƙo da ƙarfe biyun dare yana cewa ga garaɓasa.

Na san abin da za a ce, kuma akwai gaskiya a ciki. Ba duk gem ne haka ba. A cikin Zelda ɗin ma akwai shagunan da za ka biya ka buɗe akwati, abin da ka samu sa'a ce tsantsa. Can kuɗin bogi ne, amma akwai gem ɗin da suke yin haka da kuɗin gaske: ka sa katin bankinka ka sayi ƙunshi ba ka san abin da yake ciki ba, ko ɗan wasa mai tsada ko tarkace. Masu buga Ultimate Team a gem ɗin ƙwallo sun san abin da nake nufi. A 2018 hukumar da take kula da caca a Beljiyam ta ce irin waɗannan akwatunan da ake saya da kuɗi sun faɗa ƙarƙashin dokar caca. To in wannan ake so a hana a ɗakinmu, ina layin gaba. Haka in biyu suka zauna buga ƙwallo a PlayStation aka ce wanda aka ci zai biya dubu biyu, wannan caca ce ko da dara aka yi ta, kuma dama a nan ne faɗa yake tashi.

Sai maganar lokaci. Wannan ita ce hujjar da ta fi ƙarfi, kuma ba na raina ta. Mai digiri na biyu da babi na uku yake jiransa, safabaiza yana ta kira, bai kamata a gan shi yana farautar hankaka har asuba ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ma ta sa jarabar gem cikin jerin cututtukanta, ICD-11, wanda ya fara aiki a 2022. Amma ku duba yadda ta siffanta abin: mutum ya kasa tsayar da kansa, ya fifita gem a kan sauran al'amuran rayuwarsa, ya ci gaba duk da yana ganin ɓarnar, kuma yawanci sai an ga haka na kusan shekara. Wannan ba siffar yaron da ya fito daga lakca tun safe, ya yi sa'a ɗaya yana dariya da abokansa, aka kira salla ya ajiye ba ce. Kuma in lokaci ne ma'aunin, a faɗa min awa nawa muke yi a guruf muna musu a kan siyasar Kano.

Abin da ya fi damuna shi ne inda yaran za su koma. A gida, shiga shagon betin abu ne da ake yi ana waige-waige. Wani zai gan ka ya kai wa Baba labari, a Kano ma Hisba ta rufe irin waɗannan shagunan a 2024. A nan Kudu kuwa shago yana bakin get, kusa da mai fotokwafi, ba wanda ya san ɗan gidan waye kai. Shagon ma ba dole ba ne, yana cikin waya, ƙarƙashin bargo. Yaro ya taso daga Gusau ko Azare, karon farko da ya yi nisa da gida, yaren garin bai iya ba, abinci bai saba ba, kuɗin mota zuwa gida ya fi ƙarfinsa sai hutun ƙarshen zango. Da yamma ina zai je? Ɗakin nan shi ne waje ɗaya da zai ji Hausa, ya ga yayyensa, a tsokane shi, a tambaye shi ya jarrabawa. Da yawansu gem ɗin ne yake kawo su, ba taron da muke kira ba, mu faɗa wa kanmu gaskiya. In an cire gem ɗin ba laburare za su tafi ba. Ɗaki za su koma su kaɗai da wayarsu, inda ba Malam, ba yaya, ba mai leƙa sikirin ya ce kai meye wannan.

Kuma a wajen gem ɗin ne ake gane wanda ya shiga matsala. Wanda da yake zuwa kullum ya daina. Wanda ya zo amma hankalinsa yana kan sakamakon wasan wata ƙasar da ko a taswira bai san inda take ba. Wanda ya fara "Yaya, ko da dubu ɗaya zuwa Juma'a" sau uku a wata. Ba za ka ga wannan a taron wata-wata da ake karanta ajanda ba.

Shawarata ga shugabanni, da girmamawa: a bar gem, a sa masa ƙa'ida. Ba a sa ko sisi a kan wasa, ko kuɗin lemo ne. Ba a sayen komai da kati a na'urar ɗakin. A kashe in an kira salla, a kashe ƙarfe goma na dare, makon jarrabawa kuma a kulle ta a kabad mabuɗin yana hannun sakatare. Sannan a ware rana ɗaya wani daga sashen lissafi ko tattalin arziki ya ɗauki alli ya yi wa sababbin ɗalibai lissafin 1.90 ɗin nan a allo, su danna kalkuleta da hannunsu. Wa'azi suna ji, kuma a ci gaba da yi, amma wannan lissafin ba na jin an taɓa nuna wa yawancinsu.

Masu ganin akasin haka, ga wajen sharhi nan, a yi da mutunci don Allah, kuma kar a kama sunan kowa. Ranar Asabar bayan Isha'i zan kawo 3DS ɗin ɗakin taro, wanda ya ce sa'a ce ya zo ya karɓi jifa talatin a gaban jama'a. A taho min da cajar da aka ara tun wancan watan, mai ita ya san kansa.