Cinikin Biri a Sama: Wasan da Mai Shi Bai San Ɗakinsa Ba

Masu gyaran kwamfuta sun saba da wani kuskure har ya daina ba su dariya. Yaro zai ga wasan ƙwallo a kwamfutar abokinsa, ya kawo filas, ya ja ɗan tambarin wasan da ke kan allo ya jefa a ciki, ya kama hanyar gida cike da murna. In ya isa ya danna, sai na'ura ta ce ba ta ga abin da yake nema ba. Abin da ya ɗauko bai fi kilobait ɗaya ko biyu ba, alhali wasan kansa ya kai gigabait goma ko hamsin. Tambarin nan manuni ne kawai, irin allon da ake kafawa a mararraba da sunan gari da kibiya. Yaron ya tuge allon ya saɓa a kafaɗa, garin kuwa yana nan inda yake.

Daga wannan kunyar tambaya take fitowa: to shi wasan, a ina yake zaune? Iyaye da malamai da dama suna jin ta a matsayin wani reshe na shiririta, tunda dai maganar wasa ce. Ba su yi mata adalci ba. Da wuya yaro ya yi tambayar da ta fi ta amfani a shekarunsa na farko da kwamfuta, kuma a wuri kamar Maruda, ɗaya daga cikin mazaɓun ƙaramar hukumar Gwandu, amsarta tsabar kuɗi ce.

Lissafin ba shi da wuya. Manyan wasannin zamani, irin su Grand Theft Auto V da wasannin ƙwallon kamfanin EA na baya-bayan nan, kowanne yana neman wurin da ya kai gigabait 100 ko kusa da haka. Kamfanonin da ke sayar da su sun gina tsarinsu ne da tunanin ɗan wasan da ke zaune a Amurka ko Jamus, mai intanet ɗin gida da ba a auna masa ita, wanda in wasa ya ba shi matsala sai ya goge ya sake saukewa kafin ya gama cin abinci. Saurayin da ke Maruda ko Kambaza ko Kalgo da wayarsa yake jona kwamfuta, da datar da ya saya da guminsa, kuma tun watan Janairun 2025, lokacin da hukumar NCC ta amince wa kamfanonin sadarwa su ƙara kuɗi da kashi 50 cikin ɗari, gumin ya ƙaru. Ko da layin zai riƙa ba shi megabait ɗaya kowace daƙiƙa ba yankewa, sai ya shafe kusan sa'o'i 28 kafin gigabait 100 su sauka, in har wuta da batir sun yarda. Wanda ya san foldar da wasan yake ciki kuwa zai kwashe ta zuwa wani rumbun ajiya na waje cikin abin da bai kai sa'a guda ba, ya ajiye, ya mayar duk ranar da ya so.

Amsar tambayar ta fi yadda ake zato faɗi, kuma a nan daɗinta yake. Babban rumbun kwamfutar Windows harafin C yake amsawa, saboda A da B an ba wa ƙananan faya-fayan da aka daina yayi tun tuni. A cikinsa an jera folda cikin folda, kamar gida mai sassa, kowane sashe da ɗakunansa, tsarin da ya shigo MS-DOS a 1983 kuma har yau ba a sauya shi ba. Yawancin manhajoji suna sauka ne a Program Files, ko a tagwayenta mai ɗauke da alamar x86, wadda aka ware wa manhajoji masu tsohon gini. Wasan da aka saya ta Steam, babbar kasuwar wasannin kwamfuta da kamfanin Valve ya buɗe a 2003, yana can ƙurya: a shiga foldar Steam, a shiga steamapps, a shiga common. Na kamfanin Epic yana da tasa foldar daban. Mai gaggawa zai iya danna maɓallin dama na linzami a kan tambarin, ya zaɓi umarnin buɗe wurin da fayil yake. Amma tambarin wasannin Steam ba ya nuna ɗakin, lamba kawai yake miƙa wa Steam ɗin, don haka sai an bi ta cikin manhajar kasuwar a ce ta nuna fayilolin.

Ko an gano ɗakin, ba a gama ba, domin wasa ba a wuri ɗaya yake kwana ba. Jikinsa yana nan inda aka ambata. Ci gaban da ɗan wasa ya samu, kofunan da ya ci da ƙungiyar da ya shafe wata shida yana ginawa, galibi suna wani wuri daban, ko a Documents, ko a wata folda mai suna AppData da Windows take ɓoyewa da gangan. Sannan akwai ɗan ƙaramin fayil da ke shaida wa manhajar kasuwar cewa wasan yana nan kuma ga sigarsa. Manomi a ƙasar Gwandu ba zai ga baƙon abu a nan ba: gona tana daji, gero yana rumbu, shaidar mallaka tana wurin mai gari. Abin takaici shi ne yadda ake hasarar na tsakiyan. Kwamfuta ta yi nauyi, a kai ta shago, mai gyara ya ce sai an yi mata fomatin, mai ita ya ce a kwashe masa hotuna da takardu. Jikin wasan ana iya sake samunsa a wurin aboki. Wata shidan nan kuwa sun tafi, alhali fayil ɗin da ya riƙe su sau da yawa bai kai girman hoto ɗaya ba.

Duk wanda ya buga Pro Evolution Soccer na kamfanin Konami a gidan gem ya san ƙungiyoyin da ake kira Man Red da Man Blue da North London, saboda kamfanin bai da lasisin sunayensu na ainihi. Ya kuma san cewa a kowace unguwa akwai yaro ɗaya da ya iya gyara wannan, wanda yake samo wani fayil ya saka shi a daidai foldar da ta dace, sai ga sunaye da riguna sun dawo daidai. Ba wanda ya kira abin da yaron ya yi ilimi. Amma ya koyi cewa na'ura tana karanta bayani ne daga wani takamaiman wuri, cewa suna da adireshi su ne komai, cewa a kwafi na asali a ajiye kafin a taɓa shi. Waɗannan su ne abubuwan da mai kula da kwamfutocin banki yake ci da su.

Rashin wannan sani ba ciwon ƙauye ba ne. A watan Satumban 2021 mujallar The Verge ta Amurka ta buga wani rahoto da ya yi yawo sosai, inda malaman jami'a suka bayyana cewa ɗalibansu na kimiyya da injiniyanci, waɗanda suka tashi da waya a hannu, ba su fahimci abin da ake nufi da folda ba. In an tambaye su inda suka ajiye aikinsu, sai su rasa ma me ake tambaya. Laifin ba nasu ba ne kacokan. Na'urorin da suka rene su an ƙera su ne don kada mai su ya ga cikinsu. Tun daga Android 11, wadda ta fito a 2020, an taƙaita shiga foldojin da manhajoji da wasanni ke ajiye kayansu a waya, abin da masu tura wasanni ta Xender suka ji a jikinsu. A Windows ma akwai foldar WindowsApps, inda kayan kantin Microsoft ke sauka, wadda ko mai kwamfutar ba ta buɗe masa sai ya yi dabara.

Masu wannan tsari suna da hujja, kuma ba ta banza ba ce. Ƙofar da mai gida zai shiga, ɓarawo ma zai shiga, kuma manhajoji masu satar bayanai sun daɗe suna bin irin waɗannan ƙofofi. Sai dai ribar rufewar ba ta tsaya ga tsaro ba. Mutumin da bai san inda kayansa suke ba, ba zai iya tashi da su ya koma wani wuri ba, dole ya zauna inda kamfani ya zaunar da shi.

Wasan tseren mota mai suna The Crew ya nuna inda abin yake ƙarewa. Kamfanin Ubisoft na Faransa ya fitar da shi a 2014, ya daina sayar da shi a Disambar 2023, sannan a ƙarshen Maris na 2024 ya kashe manyan kwamfutocin da wasan ya dogara da su. Waɗanda suka biya kuɗi, har da masu faifai a hannu, suka wayi gari da fayiloli cike da rumbu amma ba abin da suke tsinanawa. Wannan ya haifar da gangamin da ake kira Stop Killing Games, wanda ya tara sa hannu sama da miliyan guda a Tarayyar Turai a 2025. Jihar Kaliforniya kuma ta yi doka a 2024 da ta tilasta wa shagunan intanet su fito fili su faɗa wa mai saye cewa lasisi yake karɓa ba kaya ba, kuma tun daga lokacin Steam take nuna wannan sanarwa a wurin biya.

A garin da Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya zauna ya karantar, wannan rarrabewa ba sabuwa ba ce. Duk ɗalibin da ya kai babin ciniki a Risala ya san cewa saye daban, haya daban, ya kuma san dalilin da ya sa aka hana sayar da kifin da ke cikin ruwa: ba a san adadinsa ba, ba a da tabbacin miƙa shi. Hukuncin lasisin manhaja na malamai ne, su za su tattauna shi. Amma Bahaushe ya riga ya raɗa wa irin wannan hulɗa suna, cinikin biri a sama. Matakin farko na sanin ko birin ya sauko shi ne a tambaya: abin da aka biya wa kuɗi, yana cikin na'urar nan? In aka yanke intanet, yana buɗewa? Akwai shaguna irin su GOG da ke ba mai saye cikakken fayil ɗin girkawa ya ajiye a rumbunsa, ba tare da sai ya riƙa neman izini kullum ba. Ga mai zama inda sabis ke zuwa yana tafiya, wannan bambanci ya fi rangwamen farashi muhimmanci.

Za a ce koya wa yara lalube cikin foldoji koya musu satar fasaha ne. Gaskiya ne cewa wasanni da yawa da ke yawo a filas ba a saye su ba, kuma irin waɗannan su ne jakunan da ƙwayoyin cutar kwamfuta suka fi hawa. Amma jahilci bai taɓa hana kowa kwafa ba, kariya kawai yake cire masa. Kwafar foldar wasan Steam galibi ba ta ba wanda bai saya ba ikon bugawa, data kawai take rage wa wanda ya saya, shi ya sa kamfanin da kansa ya ƙara hanyar tura wasa tsakanin kwamfutoci biyu da ke kan layi ɗaya a 2023. Sannan cutar nan da ta addabi shagunan buga takardu, wadda ke ɓoye foldojin filas ta maye gurbinsu da tambura, da wannan jahilcin take kiwo. Wanda ya san bambancin tambari da kaya, ya kuma iya umartar Windows ta nuna abin da aka ɓoye, zai tarar da takardunsa suna nan lafiya. Wanda bai sani ba zai goge filas ɗin da hannunsa, ya ce cuta ta cinye.

Makaranta ce ya kamata ta ɗauki wannan nauyi, amma ta karkata wani wajen. Tun 2015 jarabawar JAMB ta koma kan kwamfuta gaba ɗaya, WAEC ma ta fara gwada hakan da masu zana jarabawa na kashin kansu a 2024. Saboda haka abin da ake kira koyon kwamfuta a wurare da dama ya zama koyon danna ɗaya daga cikin haruffa huɗu da matsawa zuwa tambaya ta gaba. Da wannan guzurin ɗalibi zai isa Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda aka kafa a 2013 kuma mazauninta yake nan yankin Kalgo, ko jami'ar jiha da ke Aliero, a ce masa ya rubuta manhajar da za ta karanta fayil daga wata folda.

Darasin da ya ɓace bai buƙatar sabon ɗakin gwaji ko intanet. Kwamfuta ɗaya ta hannu ta isa, da wasa ɗaya na halal, ko da ƙarami ne na kyauta. Malami ya ce wa ɗalibai su nemo inda yake zaune, su faɗi girmansa, su gwada shi da girman tambarinsa. Su nemo inda yake ajiye ci gaban ɗan wasa, su kwafa, su goge na asalin, su ga abin da zai faru, su mayar. Su sauya wa foldar suna su ga ko tambarin zai makance, in ya makance su gyara masa hanya. In sun yi ƙoƙarin tura babban fayil cikin filas ya ƙi shiga alhali akwai wuri, malami ya samu damar gaya musu cewa tsohon tsarin FAT32 ba ya karɓar fayil guda da ya wuce gigabait 4, sai an sauya shi zuwa exFAT ko NTFS. Ba sai an roƙe su su saurara ba, domin kofunansu ne a ciki. Mako na biyu sai a cire wasan, a sa fayil ɗin sakamakon jarabawar aji a madadinsa, a maimaita komai daga farko.