Shugaba a Gaban Alƙali: Fa'idodi da Illolin Shari'ar Laifukan Yaƙi

A watan Satumban 2015, jami'an tsaro suka shigo babban zauren shari'a na birnin Dakar ɗauke da wani dattijo cak, kamar yaron da ya ƙi zuwa makarantar allo. Farin rawani ya rufe masa baki da hanci, baƙin tabarau ya rufe idanu. Hissene Habre ke nan, wanda ya riƙe Chadi daga 1982 zuwa 1990, mutumin da a zamaninsa sai an waiga kafin a ambaci sunansa. Ya ce bai san da zaman kotun ba, ya ƙi kula lauyoyin da aka naɗa masa, ya yi gum har aka gama sauraron shaidu. A kujerun 'yan kallo kuwa akwai mutanen da suka yi shekara 25 suna jiran wannan rana.

Duk sanda aka tayar da maganar gurfanar da shugabanni a kotunan ƙetare, wannan zaure nake fara tunawa, domin a cikinsa aka ga abin da irin wannan shari'a ke iya yi, aka kuma ga inda ƙarfinta yake ƙarewa.

Babbar fa'idar ita ce a tabbatar da abin da ya faru ta yadda ba mai iya cewa ƙage ne. Tun 1992 wani kwamitin bincike a Chadi ya ƙiyasta cewa mutum 40,000 ne suka halaka a mulkin Habre, amma ƙiyasi ba hujja ba ce a gaban alƙali. Hujjar sai da mutane suka tara ta da hannunsu. Souleymane Guengueng, akanta ne a Hukumar Tafkin Chadi, ya yi fiye da shekara biyu a tsare, ya yi wa Allah alkawarin in ya fito da rai zai nemi haƙƙin waɗanda suka mutu a gabansa. Da ya fito sai ya bi mutane ɗaya bayan ɗaya yana rubuta labarinsu, har ya tara na ɗaruruwa. A 2001 kuma Reed Brody na ƙungiyar Human Rights Watch da abokin aikinsa suka shiga tsohuwar hedikwatar 'yan sandan ciki, wato DDS, a Injamena, suka tarar da takardu zube a ƙasa, ƙura ta lulluɓe su, ba wanda ya damu ya ƙone su. A cikinsu aka tsamo sunayen mutum 12,321 da aka tsare ko aka azabtar, da 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare. Da yawa daga rahotannin sunan shugaban ƙasa ne a kansu, shi ake aika wa.

A kotun aka ji labarin wani tafkin ninƙaya na zamanin Turawa da aka rufe samansa da kankare, aka yanka cikinsa ɗaki-ɗaki, ya zama kurkukun ƙarƙashin ƙasa. Aka ji yadda ake ɗaure mutum hannu da ƙafa ta baya har jijiyoyinsa su mutu. Clement Abaifouta ya faɗi yadda aka mayar da shi mai binne 'yan'uwansa fursunoni. Mata suka tsaya gaban mutumin, suka faɗi yadda aka kai su sansanin soja na Wadi Dum a cikin sahara aka mayar da su bayin sojoji, maganar da a ƙasashenmu mace kan zaɓi ta tafi kabari da ita. Shaidu 93 aka saurara. Ranar 30 ga Mayun 2016, alƙali Gberdao Gustave Kam, ɗan Burkina Faso, ya yanke wa Habre ɗaurin rai da rai, zauren ya ruɗe da guɗa da kuka. Wanda aka yi shekaru ana ce masa ya yi haƙuri ya bar wa Allah, ya ji alƙali ya ce eh, an zalunce ka, ga wanda ya zalunce ka. Ban san kuɗin da zai sayi wannan ba.

Akwai wata fa'idar da ba a cika ambata ba, ita kuwa ta shi shugaban ce. A tuna yadda Samuel Doe na Laberiya ya ƙare a hannun mayaƙan Prince Johnson a 1990, da yadda Gaddafi ya ƙare a Sirte a 2011. Habre kuwa ya samu lauya, ya samu likita, an ɗaukaka ƙara a madadinsa. Kotun ɗaukaka ƙarar ma ta soke ɗaya daga laifukan da aka same shi da su saboda ba a bi ƙa'ida wajen shigar da shi ba. Kotunan duniya na yanzu ba sa yanke hukuncin kisa. Shari'a tana kuma laƙaba laifi ga mutum da sunansa, ba ga ƙabilarsa ba, wanda shi ne abin da ke rage gabar da ake gadar wa jikoki.

Sai cire mai ɓarna daga fili. Charles Taylor na zaune a Kalaba tun Agustan 2003, a bisa mafakar da Obasanjo ya ba shi don a kawo ƙarshen yaƙin Laberiya. A Maris na 2006 ya sulale, aka cafke shi a Gamborun Ngala yana shirin tsallakawa Kamaru. A 2012 kotun musamman ta Saliyo ta same shi da laifin taimaka wa 'yan tawayen da ke datse wa mutane hannuwa, ta ba shi shekara 50, yana can a wani kurkuku a Ingila. Ko wanda bai son kotun ya san da wuya Laberiya ta samu natsuwar da ta samu in da Taylor na iya komawa. Sammaci ma kaɗai yana ƙuntata wa mutum duniya: Putin bai je taron ƙasashen BRICS a Afirka ta Kudu a 2023 ba.

To amma ita wannan shari'ar ta Taylor, da ita zan buɗe babin illoli. An ba mutum mafaka don ya sauka, ya sauka, kafin shekara uku ta cika aka miƙa shi. Sauran masu riƙe da mulki da jini a hannu suna kallo, kuma in gemun ɗan'uwanka ya kama wuta ka san abin da za ka yi wa naka. Wa zai ƙara yarda da alkawarin mafaka? Sammaci kan rufe ƙofar da mai sulhu ke so ya bari a buɗe. A tattaunawar Juba ta 2006 zuwa 2008, sammacin Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya, wato ICC, yana cikin dalilan da madugun 'yan tawayen Yuganda Joseph Kony ya kafa na ƙin sa hannu, ko da yake Kony ba mutumin da ake ɗaukar maganarsa ba ne. A Sudan abin ya fi muni. Da aka fitar da sammacin Umar al-Bashir a Maris na 2009, nan take ya kori ƙungiyoyin agaji na waje 13, waɗanda ke ciyar da 'yan gudun hijirar Darfur suna ba su magani. Kotu ta yi magana a Hague, talaka ya sha ukuba a sansani. Bashir kuwa ya ci gaba da yawonsa: ya zo Abuja a Yulin 2013, ya bar garin da wuri bayan masu fafutuka sun garzaya kotu, ya je Afirka ta Kudu a 2015 ya fita lafiya. Mutanen Sudan ne suka tilasta kifar da shi a 2019, ba sammaci ba. Masu cewa shari'a tana tsoratar da na baya su dubi abin da jikokin Janjawid suka sake yi a Aljinaina a 2023.

Illar da ta fi cin rai ita ce ta ɗan mowa da ɗan bora. ICC ta fara aiki a Yulin 2002, kuma duk wanda ta taɓa samu da laifin yaƙi ɗan Afirka ne. Adalci ne a ce Yuganda da Kwango da Afirka ta Tsakiya da Mali su suka kai kansu da kansu, galibi don a kama musu 'yan tawaye. Amma Darfur da Libiya Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya ne ya miƙa su, alhali uku daga cikin masu kujerar dindindin biyar, Amurka da Rasha da Sin, ba su yarda kotun ta hukunta nasu ba. Mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi. A 2014 Rasha da Sin suka hau kujerar na-ƙi a kan miƙa Siriya. A 2020 ofishin mai gabatar da ƙara ya rufe binciken farko kan sojojin Birtaniya a Iraƙi ba tare da tuhumar kowa ba. A 2020 ɗin dai Amurka ta ƙaƙaba wa mai gabatar da ƙarar kotun, Fatou Bensouda, takunkumi saboda ta leƙa Afganistan, ta kuma maimaita wa magajinta a 2025 bayan sammacin Netanyahu. Gaskiya kotun ta ɗan fita daga Afirka a 'yan shekarun nan, ga Putin, ga Netanyahu, ga Duterte na Filifin da aka kai Hague a Maris na 2025. Sai dai a lura da wanda hannu ya kai gare shi a cikin ukun: wanda ya sauka daga mulki kuma ya ɓata da magajinsa.

Ko a cikin ƙasa ɗaya, wanda ya faɗi ake kaiwa. Rikicin zaɓen Kwaddibuwa na 2010 zuwa 2011 ya ci rai kusan 3,000, ɓangarorin biyu duk sun zub da jini, amma tsohon shugaba Laurent Gbagbo da mutanensa kaɗai ICC ta tuhuma. Ya yi fiye da shekara bakwai a tsare, a Janairun 2019 alƙalai suka ce hujjar ba ta kai ba, suka sallame shi. Wa zai biya shi shekarun? Wa kuma zai gaya wa iyalan mamatan wanda ya kashe musu 'yan'uwa? Shari'ar Dakar ma, da nake yabo, ba ta tsira daga wannan ba. Idriss Deby shi ne babban hafsan sojan Habre a lokacin kashe-kashen kudancin Chadi na 1984, amma yana kan mulki lokacin shari'ar, gwamnatinsa na cikin masu biyan kuɗin kotun, ba a kira shi ba. Amurka da Faransa da suka ɗaure wa Habre gindi don ya tare musu Gaddafi, har Reagan ya karɓe shi a fadar White House a 1987, su ma ba wanda ya tambaye su komai.

Shugaba mai ci kuwa, kama shi kamar kama iska ne. Shaidu a ƙasarsa suke, takardu a ofisoshinsa suke. Uhuru Kenyatta da William Ruto na Kenya sun mayar da tuhumarsu abin yaƙin neman zaɓe, suka ci a 2013, shaidu suka yi ta janyewa, ƙarar Kenyatta ta rushe a 2014, ta Ruto a 2016. Har yau ICC ba ta taɓa samun wani shugaban ƙasa da laifi ba.

Ga jinkiri, ga tsada. Milosevic, tsohon shugaban Yugoslabiya, ya yi shekara huɗu ana shari'arsa, ya mutu a ɗakin tsaro a 2006 ba hukunci. Kotun Saliyo ta lashe kusan dala miliyan 300 don hukunta mutum tara, a ƙasar da masu dungulmi ke bara a titi. Kasafin ICC ya haura Yuro miliyan 150 a shekara. Ta Dakar ba ta kai Yuro miliyan 10 ba gaba ɗayanta, amma ita ma a wajen diyya ta gaza: a 2017 aka yanke sefa biliyan 82 ga mutum 7,396, aka ɗora wa wani asusu na Tarayyar Afirka nemo kuɗin, Habre ya mutu da cutar korona a Agustan 2021 ba a raba ko sisi daga asusun ba. Da yawa daga waɗanda suka yi guɗa a zauren sun bi shi.

In aka ce in auna, ni dai ina ganin gara a yi da a bari, amma irin ta Dakar: kusa da gida, alƙalai 'yan nahiyar, kuma waɗanda aka zalunta su ne a gaba, ba wata gwamnati mai neman kawar da abokin hamayya ba. Ƙorafin da ake yi kan Hague gaskiya ne, sai dai bakin da ke yin sa ne abin dubawa. A Satumban 2025 Nijar da Mali da Burkina Faso suka sanar da ficewa daga ICC, suna kiranta makamin 'yan mulkin mallaka. A Najeriya, tun Disamban 2020 Bensouda ta ce akwai dalilin gaskata cewa Boko Haram da jami'an tsaro duk sun aikata manyan laifuka, har yanzu matar da aka kashe wa miji a Baga ko Bama ba ta ga kotun da za ta je ba. Shugabannin Afirka sun amince a Malabo a 2014 su kafa tasu kotun manyan laifuka, amma suka saka wani sashe da ya hana a tuhumi shugaba mai ci da manyan jami'ansa, kuma kotun ba ta fara aiki ba har yau. Duk wanda ya ce maka a bar Hague a dawo gida, tambaye shi ko ya yarda a goge wannan sashen.