Matar Matafiyi a Majigin Mutanen Kerala

Bismillahir Rahmanir Rahim. Ya ku malamai da fatake, ku sani a kudancin ƙasar Indiya akwai wata jiha da ake ce wa Kerala, harshen mutanenta Malayalam, wajen rubu'insu kuwa Musulmi ne. Tun wajen 1970 mazajensu suka yi ta ƙetare teku zuwa Dubai da Saudiyya neman abinci, mutum ya bar matarsa shekara biyu ko uku. Ni ba mai yabon majigi ba ne, amma yadda masu majigin ƙasar suka nuna wannan rabuwa ya isa a duba.

Da fari labarin na namiji ne. A cikin Vilkkanundu Swapnangal na 1980, saurayi ne ya shiga jirgin ruwa ya tafi neman arziki. Rabon mace a zamanin nan jiran wasiƙa.

A 2004 aka yi Perumazhakkalam, wanda ya fi kama hankalina. Mijin wata Musulma, Raziya, ya kashe abokinsa bisa kuskure a Saudiyya, aka yanke masa hukuncin kisa, babu mafita sai matar mamacin ta yafe. Raziya ta ɗauki jaririnta ta tafi ƙofar wannan gwauruwa, wadda ba Musulma ba ce, tana roƙo ana korarta. Mazan suna nesa, ran mutum ya rage a hannun mata biyu. A Take Off na 2017 kuwa, macen ce da kanta ta tafi Iraƙi aikin jinya domin bashin gidansu, bisa labarin masu jinya 46 da 'yan tawaye suka tsare a 2014.

Waɗansu za su ce wannan fitsara ce ta zamani. Ni a ganina wanda ya bar wa mace gida da 'ya'ya da bashi shekara da shekaru, shi ya koya mata tsayuwa da ƙafarta, bai kamata ya dawo yana mamaki ba. An ruwaito Sayyidina Umar ya tambayi 'yarsa Hafsatu iyakar haƙurin mace ba mijinta, daga nan ya iyakance wa mayaƙa 'yan watanni su komo gida. Mayaƙa ke nan, balle mai neman riba. Kakanninmu fataken Gwanja sun daɗe a hanyar goro, amma jaki ne abin hawansu. Mai zama Jidda ko Dubai yau, tsakaninsa da ɗakinsa jirgin sama ne na yini guda.

Haza wassalam.