Magarya da Dungas: abin da ke ƙarƙashin rairayin Korama kafin a ƙara haƙa rijiyoyi

Damanar 2024 ta bar wa jahar Damagaram abin tunawa. Ranar 3 ga Satumba tsohon masallacin unguwar Birni ya rushe saboda yawan ruwan sama, a kudancin jahar kuma kwaruruwa suka cika suka tumbatsa. Amma da bazara ta kama, ƴan garuwa da masu amalanken jarka suka koma bakin aikinsu a birnin Damagaram kamar ba a yi komai ba. Tafiyar da ba ta kai kilomita 100 ba zuwa kudu, a fadamun Bande ko Waca, manomin rake na tarar da ruwa bayan haƙar gaba biyu ko uku.

Bambancin ruwan sama tsakanin wuraren biyu bai isa ya bayyana wannan ba. Amsar tana ƙarƙashin ƙasa, kuma ta shafi duk wani shiri na faɗaɗa noman rani da gwamnati ke yi a gundumomin Magarya da Dungas, inda ƙidayar 2012 ta samu mutane fiye da 570,000 a ta farko da fiye da 350,000 a ta biyu, wadda aka cire daga jikin Magarya a 2011.

Birnin Damagaram yana zaune ne a kan dutse tsantsa. Tsohon dutsen yankin ya kai shekara miliyan 600, sannan wasu duwatsun da suka narke a can ƙasa suka kutso cikinsa kimanin shekara miliyan 300 da suka wuce, su ne manyan duwatsun da ake gani a unguwar Birni da yankin Muniyo wajen Gure. Irin wannan dutse ba ya shan ruwa. Shi ya sa ruwan famfon birnin ke zuwa daga waje, daga Gogo da Macaya, da Arunguza, da Ganaram. Idan aka nufi kudu, dutsen sai ya nutse, rairayi da laka da dutsen yashi su rufe shi, har sai an ƙetara iyaka ya sake ɓullowa wajen Kazaure da Kano. Magarya da Dungas suna cikin wannan kwano. A samansa akwai rairayin Korama mai ruwa kusa, a ƙarƙashinsa akwai dutsen yashin da masana suka raɗa wa sunan Malawa, garin da ke gundumar Dungas, sai wasu shimfiɗu da suka fi tsufa, sannan dutsen gindi.

Gindin kwanon ba sumul yake ba. A nan ne maganar tsaga ke shigowa.

Ɓawon duniya kullum cikin matsi yake, wani wuri ana jan sa, wani wuri ana danne shi. Idan ƙarfin ya fi abin da dutse zai iya ɗauka sai ya karye, ɓangarorin biyu su goce wa juna: ɗaya ya zame ƙasa, ko ya hau kan ɗan'uwansa, ko su wuce juna ta gefe. Gocewar kan zo kaɗan-kaɗan, taki ɗaya yau, wani takin bayan shekara dubu, har ta taru ta zama mita ɗaruruwa. Wannan ita ce tsaga mai gocewa, kuma ta bambanta da tsattsagewar da ake gani a fuskar dutse wadda ba ta motsa ba.

Abin da ke ruɗa masu haƙa shi ne tsaga ɗaya tana iya yin aiki biyu masu saɓa wa juna. A tsakiyarta, inda duwatsun suka yi ta gugar juna, dutse yakan niƙe ya zama gari mai laushi kamar yumɓu. Wannan gari katanga ce, ruwa ba ya ratsa ta. A gefe da gefe kuwa dutsen ya farfashe, ya yi ƙananan tsagogi masu haɗe da juna, ruwa na gudu a cikinsu kamar a magudana. Saboda haka ruwa yakan bi tsawon tsaga cikin sauƙi, amma ya kasa ƙetare ta. Ƙauyuka biyu na iya kallon juna, wannan ya haƙa ya samu ruwa mai ƙarfi, wancan ya haƙa zurfi ɗaya ya tarar da ƙura, a yi ta zargin ɗan kwangila ko a ce wurin ne ba shi da albarka, alhali katangar ce ta ratsa tsakaninsu.

A cikin yashi da laka akwai ƙarin wata dabara. Idan ɓangare ɗaya ya zame ƙasa, shimfiɗar yashi mai ɗauke da ruwa na iya wayar gari tana fuskantar shimfiɗar laka, hanyarta ta toshe, ruwan ya taru a bayanta ko ya nemi hanyar sama ya fito a matsayin idon ruwa. Idan kuma yashi ya dace da wani yashin, to ruwan sama da na ƙasa sun samu ƙofar haɗuwa, mai daɗi da mai gishiri.

Nijar ta riga ta ci moriyar wannan ilimi, sai dai ba a fannin ruwan sha ba. Man fetur ɗin Agadem yana kwance ne a kwarin Termit, wanda ya samu lokacin da ƙasar Afirka ta fara tsagewa sama da shekara miliyan 100 da suka wuce, sa'ad da take rabuwa da Kudancin Amurka. Tsagogin wannan kwari su suka ba man hanyar hawowa, su ne kuma suka tare shi a inda ake haƙo shi yau a tura matatar SORAZ da aka buɗe a 2011, ko a bi da shi ta bututun da ya kai gaɓar tekun Benin. Haka ma ma'adinin yuraniyom na Arlit: ramukan haƙarsa suna jere ne a gefen wata doguwar tsaga da ta miƙe daga arewa zuwa kudu, wadda ruwan ƙarƙashin ƙasa ya bi ya tara ma'adinin. Kamfanonin mai da na ma'adinai ba sa saka ƙarfe a ƙasa sai sun kashe kuɗi masu yawa wajen zana kowace tsaga. Rijiyar burtsatsen ƙauye kuwa sau da yawa wurin da za a haƙa ta ana zaɓensa ne bisa kusanci da makaranta, ko filin da mai gari ya bayar.

A rairayin Korama wannan sakaci bai cika nuna kansa ba, domin ruwan sama-sama yana ko'ina cikin kwari. Matsalar tana tafe ne ta wata hanya. Tun da Najeriya ta cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kuɗin tayar da injin ban-ruwa ya ƙaru a duk garuruwan bakin iyaka da suka saba da man Najeriya, manoma da yawa suka juya ga famfo mai aiki da hasken rana. Injin fetur yana tsayawa idan mai ya ƙare. Na rana ba ya tsayawa sai rana ta faɗi. Ga rijiyoyin tiyo da ake haƙawa da hannu cikin yini ɗaya, babu mai ƙirga su. Ruwan da ake zuƙa ɗin damana ce kawai ke mayar da shi, a yankin da ruwan shekara ke kaiwa milimita 500 zuwa 600. Ranar da na sama ya ja baya, ko kanwa ta yi masa yawa kamar yadda ta riga ta yi a wasu kwaruruwan, dole a gangara zuwa dutsen Malawa da abin da ke ƙarƙashinsa. A can ne tsagogin da rairayi ya lulluɓe za su fara yanke hukunci kan wanda zai samu da wanda zai rasa.

Zurfi kuma ba shi ne tabbacin lafiya ba. Mutanen Tibirin Gobir a jahar Maraɗi sun san haka: ruwan wata rijiya mai zurfi da aka fara sha a tsakiyar shekarun 1980 yana ɗauke da sinadarin fuluwo fiye da kima, ya lalata haƙora da ƙasusuwan yara masu yawa kafin a farga. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa iyakar wannan sinadari a miligiram 1.5 cikin lita. Ruwan da ya daɗe yana kwance a jikin dutse irin na Damagaram na iya kwasar sa, tsaga kuma na iya hawo da irin wannan ruwa cikin shimfiɗar da ake ɗauka mai tsabta ce. Awon ruwa sau ɗaya ranar bikin buɗe famfo bai wadatar ba.

Alƙaluman da ake yawan ambatowa a Yamai suna da daɗin ji. Wani bincike da shirin MCC na Amurka ya ɗauki nauyi, ta hanyar hotunan tauraron ɗan'adam, ya ƙiyasta ruwan ƙarƙashin ƙasa da za a iya kaiwa gare shi a kudancin ƙasar da kimanin mita-kubik biliyan 50, wanda biliyan 2 ne kawai ke sabuntuwa duk shekara. Adadi na biyun shi ne abin riƙewa, domin shi ne abin da za a iya ci ba tare da an taɓa jari ba. Kuma ko shi ɗin ba ya gaya wa magajin garin Guci ko na Dan Ciyawo inda zai sa a haƙa. Wannan sai an sauko ƙasa: a duba layukan da hoton sama ya nuna, a bi su da na'urar da ke tura lantarki cikin ƙasa tana auna inda ya ratsa da sauƙi, sannan a yi haƙar gwaji. Tsofaffin masu haƙar rijiya da ke lura da jerin itatuwa masu ɗanyen ganye a tsakiyar rani, ko jerin suri, kusan abu ɗaya suke nema da ido.

Dokoki da tsare-tsare ba su yi ƙaranci ba. Akwai dokar ruwa ta 2010, akwai shirin ƙasa na tafiyar da albarkatun ruwa da aka amince da shi a 2017, Bankin Duniya kuma ya amince da dala miliyan 400 a 2021 don shirin PISEN na samar da ruwa. Abin da ya fi araha a cikin duka shi ne aka fi yi wa riƙon sakainar kashi: bayanin kowace haƙa. Duk rijiyar da aka haƙa, ko ta ba da ruwa ko ta ƙi, tana faɗin zurfin da aka tarar da laka, da yashi, da dutse. Idan rijiyoyi biyu masu kusanci suka tarar da dutsen gindi a zurfi mabambanta ƙwarai, an gano tsaga ke nan ba tare da an kashe ko dala ba. Wadda ta ƙi ba da ruwa ma ta fi amfani a wannan fanni, amma ita ce ake rufewa a manta, ƙungiyar agaji ta gaba ta zo ta sake haƙawa kusa da ita. Taswirar duwatsun ƙasar da Greigert da Pougnet suka wallafa a shekarun 1960 har yau ana komawa gare ta, kuma an zana ta ne don ƙasa baki ɗaya, ba don zaɓen wurin rijiyar ƙauye ba.

Sai batun iyaka. Shimfiɗun da ke ƙarƙashin Dungas ba su tsaya a shingen kwastan ba, sun wuce har ƙarƙashin Maigatari da Babura a jahar Jigawa, inda su ma ake ƙara haƙa don noman rani. Ko zuƙar da ake yi a ɓangare ɗaya za ta taɓa rijiyoyin ɗaya ɓangaren, ya danganta da yadda tsagogin suka kwanta: wadda ta bi tsawon iyaka tana iya raba ruwan biyu, wadda ta ratsa ta tana iya haɗa su. Ƙasashen biyu suna da hukumar haɗin gwiwa tun 1971 mai mazauni a Yamai, sun kuma sa hannu kan yarjejeniyar Maiduguri ta 1990 game da ruwan da suke tarayya a kai, wadda ta ambaci har da na ƙarƙashin ƙasa da ke ciyar da koguna. Tsamin dangantakar da ya biyo bayan juyin mulkin Yulin 2023 ya rage irin wannan zama na masana, alhali musayar bayanan rijiyoyi tsakanin ofishin ruwa na Damagaram da na Dutse ba ta buƙatar fiye da takardar izini daga manyan biranen biyu.