Yaran Duniya Sun Hau Sikeli, Ina Namu?

A wannan mako ma maganar makaranta za mu yi, amma ba ta rufin ajin da iska ta yaye ba, ba kuma ta albashin malamai da ke makara ba, waɗannan mun sha tattauna su a wannan fili. Maganar awo ce, watau yadda ƙasashen duniya ke auna ilmin 'ya'yansu da mudu ɗaya.

Abin da ya jawo maganar kuwa shi ne, ran nan ina kintsa tsofaffin takardun da suka taru a kan teburina a ofis, sai na ci karo da labarin da kamfanonin dillancin labarai suka aiko a watan Disamba na 2023, ranar da aka bayyana sakamakon jarrabawar nan da ake kira PISA. Na tuna ranar sarai. Ƙasashe da yankuna 81 ne aka jera, Singafo a kan gaba da maki 575 a lissafi. Wani abokin aikina ya karɓi takardar, ya bi ta da yatsa daga sama har ƙasa bai ga Nijeriya ba, ya sake biyowa daga ƙasa zuwa sama, sa'an nan ya tambaye ni ko mantuwa aka yi. Na ce masa ba mantuwa, mu ne ba mu shiga ba. Sai ya ce, "To, alhamdu lillahi, Allah ya rufa mana asiri." Duk muka kwashe da dariya. Amma har yau maganar tana tsaye a raina, domin ban tabbata rufin asiri ne ba.

Bari mu soma da asalin abin. A shekarar 1958 wasu masana harkar ilmi suka haɗu a birnin Hamburg na Jamus, suka ce kowace ƙasa tana yabon tsarin makarantunta, alhali kuwa babu wata hanyar da za a gane mai gaskiya, dokin mai baki ya fi gudu. Daga wannan taro ƙungiyar IEA ta samo asali, kuma a 1964 ta gwada yaran ƙasashe 12 a lissafi. Ita ce daga baya ta kafa TIMSS a 1995, mai auna lissafi da kimiyya a aji huɗu da aji takwas, da kuma PIRLS a 2001, mai auna iya karatu a aji huɗu. PISA kuwa ta ƙungiyar OECD ce, wadda yawancin ƙasashenta masu arziki ne, hedkwatarta kuma tana Paris. An fara ta a 2000, tana gwada yara masu shekara 15 a karatu da lissafi da kimiyya.

Kada mai karatu ya ɗauka irin jarrabawar WAEC ce, domin bambancinsu shi ne zuciyar maganar. A WAEC kowane yaro takardar shaida yake nema, da ita zai shiga jami'a ko ya sami aiki, saboda haka uba da malami da shugaban makaranta kowa yana da abin da zai samu idan sakamako ya yi kyau, ko ta halal ko ta haram. Ba sai na faɗa muku abin da hakan ya haifar a ɗakunan jarrabawarmu ba. A PISA kuwa ba kowane yaro ke zama ba. Akan zaɓi makarantu a ƙalla 150 a ƙasa ta hanyar ƙuri'a, a kowace makaranta a zaɓi 'yan yara, su zauna awa biyu, kuma tambayoyin da aka ba wannan ba lalle su zama su aka ba na kusa da shi ba. Babu yaron da ake ba sakamakonsa, babu wanda zai ci ko ya faɗi. Kamar yadda mai sayen hatsi kan soka tsinke a buhu ya fito da 'yan ƙwayoyi ya duba, haka abin yake, buhun ake tambaya, ba ƙwayar ba. Tambayoyin ma ba na hadda ba ne. Sai a ba yaro jadawalin tashin motoci, ko farashin canjin kuɗi, ko takardar bayanin magani, a ga ko zai iya fitar da abin da ake bukata daga ciki. Bayan haka akan tambaye shi halin gidansu, da aikin iyayensa, da yawan littattafan da ke gidan. A wurina wannan kashi na biyu ya fi jerin sunayen amfani nesa ba kusa ba, sai dai ba shi jaridu ke bugawa ba, har da mu.

To, me ƙasa kan yi idan sikeli ya faɗa mata abin da ba ta so? Ga labarin ƙasashe biyu.

Jamusawa sun daɗe suna ganin babu kamar makarantunsu. Da sakamakon farko ya fito a Disamba na 2001, sai ga su ƙasa da matsakaicin makin OECD a karatu da lissafi da kimiyya baki ɗaya. Abin da ya fi yi musu ciwo ma shi ne, an nuna tazarar da ke tsakanin ɗan mai hali da ɗan talaka a ƙasarsu tana cikin mafiya faɗi a duk ƙasashen da aka auna. Aka yi ta ce-ce-ku-ce a majalisa da jaridu wata da watanni. Amma ba su tsaya nan ba. Jihohinsu 16, waɗanda kowace ke tafiyar da makarantunta yadda ta ga dama, suka amince da ma'auni ɗaya na abin da ya kamata yaro ya iya a kowane mataki, gwamnatin tarayya kuma ta ware Yuro biliyan 4 domin makarantun yini. A 2012 sun haye saman matsakaici a fannonin uku. Gaskiya ne a 2022 sun sake zamewa ƙwarai, amma ko wannan ma sikelin ne ya gaya musu.

Indiya kuwa ta shigar da jihohi biyu a zagayen 2009, Tamil Nadu da Himachal Pradesh, waɗanda ake ganin suna cikin na gaba a harkar ilmi a ƙasar. Cikin 74 da aka jera suka zo can ƙarshe, Kirgistan kaɗai suka yi kafaɗa da ita. Sai hukumomin ƙasar suka ce tambayoyin ba su dace da al'adun yaransu ba, suka janye daga zagayen da suka biyo baya. Ƙorafin nasu ba ƙarya ba ne gaba ɗaya, zan zo kansa. Amma janyewar ba ta koya wa yaro ko ɗaya karatu ba.

Yanzu ga inda nake so mai karatu ya yi hattara, domin wannan jeri na ƙasashe yana da ramuka, kuma wanda bai san su ba zai faɗa. Tambaya ta farko da ya kamata a yi kafin a dubi wane ya zo na ɗaya ita ce, su wane ne aka auna? A 2009 da 2012 birnin Shanghai ya zo na ɗaya, har da maki 613 a lissafi a 2012, jaridun duniya suka yi ta cewa Sin ta wuce kowa. Alhali birni ɗaya ne, kuma daga cikin mafiya arziki a ƙasar. Masu suka sun kuma nuna cewa dokar rajistar mazauna ta ƙasar tana sa 'ya'yan 'yan ci-rani da yawa su koma garuruwan iyayensu kafin su kai shekarun jarrabawar. Kamar a ce an auna makarantun unguwar Maitama ne aka rubuta Nijeriya. Biyetnam ta ba duniya mamaki a 2012 da maki 511 a lissafi, ta wuce Birtaniya mai 494 da Amurka mai 481, duk da talaucinta, kuma yabon da aka yi mata ya dace. Amma fiye da kashi ɗaya cikin uku na yaranta masu shekara 15 ba sa cikin awon. A Senegal, wadda ta shiga wani reshe na PISA da aka tsara domin ƙasashe masu tasowa, aka fitar da sakamako a 2018, waɗanda suka cancanci zama ba su kai kashi ɗaya cikin uku na sa'o'insu ba, sauran ko dai sun bar makaranta ko kuma suna can baya a firamare. Ke nan ƙasar da ta bar raunanan yaranta a titi tana iya fin wadda ta tattaro kowa da kowa cikin aji kyawun maki.

Akwai kuma cutar kwaikwayo. Da Finlan ta yi zarra a zagayen farko, sai ministocin ilmi na duniya suka yi ta tururuwa zuwa Helsinki kamar masu zuwa ziyara, kowa na neman sirri ya kai gida. Makin ƙasar a lissafi ya kai 548 a 2006, amma a 2022 ya sauko zuwa 484, ba kuma mu ji waɗanda suka kwaikwayo sun koma sun mayar da abin da suka ɗauko ba. A 2014 ma wasu malaman jami'o'i da dama sun rubuta wa Andreas Schleicher, shugaban shirin PISA, buɗaɗɗiyar wasiƙa suna kukan cewa tseren maki yana sa gwamnatoci su manta da abin da ba ya aunuwa, kamar tarbiyya da sana'ar hannu.

Sai maganar harshe, wadda ta fi shafarmu. Ƙasashen Afirka masu amfani da Faransanci suna da nasu awon, PASEC, kuma maƙwabciyarmu Nijar tana ciki. A zagayen 2014, da aka gwada ƙasashe 10, Burundi ce ta yi fice a ajujuwan farko, ƙasar da ke cikin mafiya talauci a duniya. Yaranta da harshensu na Kirundi ake koyar da su a farkon firamare, da shi kuma aka gwada su. Idan ka gwada ɗan shekara bakwai da harshen da bai taɓa ji a gidansu ba, ba ka san ko karatu ne bai iya ba ko kuwa harshen ne. Amma kada mu ruga da gudu mu ce harshe shi ne duk maganin. Afirka ta Kudu ta gwada yaranta na aji huɗu a PIRLS da harsunanta 11, kowa da wanda ake koya masa, duk da haka a 2016 kashi 78 cikin 100 ba su iya karanta labari su gane ma'anarsa ba, a 2021 kuma adadin ya kai kashi 81. Abin kunya ne, amma ba su ɓoye ba. A 2019 Shugaba Cyril Ramaphosa ya tsaya gaban majalisa ya sa iya karatun ɗan shekara 10 cikin manyan manufofin ƙasa.

Mu fa? Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne mun taɓa hawa sikelin nan. Nijeriya tana cikin binciken lissafi na biyu da IEA ta yi a farkon shekarun 1980, inda Japan ta zo kan gaba, mu da Swazilan muka zo can ƙasa. Mun shiga na kimiyya a 1983 zuwa 1984, da na karatu a 1990 zuwa 1991. Daga nan muka yi shiru, ba mu cikin TIMSS, ba mu cikin PISA har zagayen 2022. Gana ta fi mu ƙarfin hali a nan. Ta shiga TIMSS a 2003 ta sami maki 276 a lissafi, ta koma a 2007 ta sami 309, ta sake komawa a 2011 ta sami 331. A 2011 ita ce ta ƙarshe a jerin 'yan aji takwas, wanda ya karanta jeri kawai zai ce ta sha kaye, alhali kuwa maki 55 ta ƙara cikin shekara takwas.

Ɗan abin da muka sani game da namu yaran daga binciken gida-gida ya fito, wanda Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta yi tare da UNICEF a 2021. Ya nuna cewa cikin yara masu shekara 7 zuwa 14, kimanin ɗaya cikin huɗu ne kawai ke da tushen karatu, haka nan a lissafi. Wannan WAEC ba za ta taɓa gaya mana ba, domin wanda ya kai ajin ƙarshe na sakandare kaɗai take gani.

Ra'ayina shi ne mu koma, amma ba ta ƙofar PISA za mu fara ba. Ɗan shekara 15 da ke cikin aji a Sakkwato ko Yobe ya riga ya tsallake siraɗi, ƙannensa da yayyensa da ke talla da kiwo da bara, da 'yan matan da aka cire aka aurar, ba za su bayyana a lissafin ba, sai mu sami adadin da zai yi mana daɗin baki. A fara da awon karatu a aji huɗu na firamare, a yi shi da Hausa da Yarbanci da Ibo da Turanci, gwargwadon harshen da ake koyar da yaro da shi. A kuma faɗaɗa samfurin yadda kowace jiha za ta ga makinta daban, kamar yadda Kanada ke yi wa lardunanta, tun da yake jihohi da ƙananan hukumomi ne ke riƙe da firamare, ba Abuja ba. Na san jihohin da za su taru a ƙasan jerin, ku ma kun san su, kuma yawancin masu karanta wannan jarida daga can suka fito. Za a yi mana gori a rediyo na mako biyu ko uku. Amma ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma gwamnan da ya zo neman ƙuri'a karo na biyu yana nuna mana hoton ajujuwan da ya shafa wa fenti, za mu sami adadin da za mu ɗora masa a gaba, mu tambaye shi yara nawa ne cikin ɗari suka iya karatu ranar da ya hau, nawa ne kuma yau.

Na kai wa abokin aikin nawa wannan rubutu ya duba kafin ya tafi wurin edita. Ya karanta, ya ajiye, ya ce yana da ɗa a aji huɗu, yau da dare zai miƙa masa shafin farko na jaridar nan ya ji abin da zai karanto.