Sharhi: Bayan sulhu a Batsari da Safana, ina ruwan da za a kai baƙi kallon tsuntsaye?

Duk shekara, da zarar iskar hunturu ta fara kaɗawa, dubban tsuntsaye kan baro Turai su tsallako hamadar Sahara su sauka a fadamun arewacin Najeriya da kudancin Nijar. Sukan zauna daga wajen Nuwamba har zuwa Maris, sannan su juya.

A wasu ƙasashen Afirka wannan saukar kuɗi ce. A gandun Djoudj da ke arewacin Senegal, ana ɗaukar baƙi a jirgin ruwa a kai su inda kwasakwasa ke ƙyanƙyasa. A fadamar Okavango ta Botswana kuwa, mutanen ƙauye ne ke tura baƙi da gora cikin siririn kwalekwale, suna nuna musu tsuntsaye da dorina da giwaye. A Turai da Amurka ana yin irin wannan da ƙaramin jirgin da ake kira kayak, mai ɗaukar mutum ɗaya ko biyu, kowa da filafilinsa, ja-gora yana gaba.

Mai karatu a Batsari ko Safana zai iya cewa wannan zancen waɗanda suka ƙoshi ne, kuma yana da hujja. Sai dai tun da aka shiga yarjejeniyoyin sulhu da 'yan bindiga a 2025, tambayar da ke jiran mahukunta ita ce me za a yi da Dajin Rugu idan ƙura ta lafa, kuma wace sana'a matasan gefensa za su kama. Yawon kallon namun daji yana cikin amsoshin da ke da daɗin faɗa a taro. Ya kamata a auna shi tun kafin wani ya sa shi a kasafin kuɗi.

Abin da yankin ya gani

Batsari da Safana suna bakin Dajin Rugu, wanda ya miƙe har cikin Zamfara. A watan Fabrairun 2020 an kashe mutum 30 a ƙauyukan Tsauwa da Dankar na ƙaramar hukumar Batsari, watanni kaɗan bayan sulhun da gwamnatin Aminu Bello Masari ta ƙulla a 2019. A Satumban 2021 an katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na jihar, har da waɗannan biyun, aka kuma hana safarar itace daga daji. Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ya ƙaddamar da rundunar tsaron al'umma ta jihar a Oktoban 2023. Sulhun 2025 kuwa, gwamnati ta sha nanata cewa al'ummomi ne suka ƙulla abinsu, ba ita ba.

Manomi yana iya komawa gonarsa da irin wannan sulhu, domin ba shi da zaɓi. Baƙon da zai biya kuɗin mota daga Kano ko Abuja don ya ga gauraka yana da zaɓi, kuma labari ɗaya ya ishe shi ya fasa.

Nijar ta ɗanɗana wannan. Yankin Kouré, kusa da Yamai, shi ne mazaunin raƙuman dawan da suka rage a Afirka ta Yamma. A tsakiyar shekarun 1990 ba su wuce 50 ba, amma kulawa ta sa suka haura 600, ƙauyukan wurin kuma suka kafa ƙungiyar masu yi wa baƙi ja-gora. Ranar 9 ga Agustan 2020 'yan bindiga suka kashe Faransawa shida ma'aikatan agaji tare da direbansu da ja-goransu, 'yan Nijar. Aka rufe wurin. Aikin fiye da shekara ashirin ya tsaya cikin safiya ɗaya, kuma waɗanda suka fi jin jiki su ne 'yan ƙauyen da ke cin abinci da rakiyar baƙi.

Ruwan ne babu

Ko da an ɗauka tsaro ya tabbata, akwai matsalar da ba a cika kawowa ba. Batsari da Safana ba ƙasar fadama ba ce irin ta Haɗejiya. Ƙoramunsu na damina ne: su cika su yi toroƙo a Agusta, kafin tsakiyar rani sun koma yashi, ana tonon ruwa a cikinsu. Tsuntsayen Turai kuwa da rani suke zuwa. Wato lokacin da baƙon zai zo da abin hangen nesansa, lokacin ne kwalekwale ba shi da inda zai bi.

Ruwan da ke kwana shekara a wannan shiyya na madatsai ne. Akwai Zobe a Dutsin-Ma, maƙwabciyar Safana, wadda aka kammala a 1983 a kan kogin Karaɗuwa. Akwai kuma madatsar Jibiya a kan kogin Gada, arewa da Batsari. Ruwan Gada ne ke tsallaka iyaka ya zama Gulbin Maraɗi, kusa da shi kuma akwai tafkin Madarunfa, wanda masunta da tsuntsayen ruwa suka daɗe da sani.

Saboda haka duk wanda ke maganar yawon kwalekwale a yammacin Katsina, maganar Zobe da Jibiya yake yi, ko ya sani ko bai sani ba. Tarihin Zobe kuma ba ya ƙarfafa gwiwa. Madatsar ta shafe shekaru sama da talatin ba a ci moriyarta yadda aka tsara ba, sai a Yulin 2021 Shugaba Muhammadu Buhari ya buɗe aikin ruwan sha da aka jawo daga cikinta. Inda ruwan sha ya ɗauki wannan lokaci, sai a yi hattara da alƙawarin wurin shaƙatawa.

Darasin Haɗejiya da Nguru

Wurin da ya fi kusa da wannan harka a ƙasar Hausa shi ne fadamar Haɗejiya da Nguru, tsakanin Jigawa da Yobe. A nan ne ake da tafkin Dagona, inda agwagin Turai ke haɗuwa da ɗinya da kirinjijiya da zalɓe. An fara shirin kare fadamar a 1987. Yarima Philip na Ingila ya je Dagona a 1989. Tafkin Nguru ne wuri na farko da Najeriya ta sa a jerin dausayoyi masu muhimmanci na duniya ƙarƙashin yarjejeniyar Ramsar, a 2008 kuma aka ƙara Dagona da Baturiya.

Da suna da takarda suna kawo baƙi, da yanzu Nguru ta cika da masauki. Abin da ya faru daban ne. Madatsar Tiga ta 1974 da ta Challawa ta 1992 sun sauya yadda ruwa ke sauka. Maimakon ambaliyar damina da bushewar rani, sai ruwa ya riƙa kwarara kaɗan-kaɗan duk shekara, irin yanayin da ciyawar kachalla ke so. Ta toshe hanyoyin ruwa, ta cinye gonaki, ta hana masunta wucewa, ta kuma zama maɓoyar tsuntsayen jan-baki masu cinye shinkafa da gero. Manomin da jan-baki ya share wa gona, da wuya ka burge shi da zancen kare tsuntsaye. Daga baya rikicin Boko Haram ya kori ɗan abin da ya rage na baƙin waje daga Yobe.

Fadamar da ta fi kowace albarka a arewa ke nan, da sunanta a duniya, amma harkar ba ta tsaya da ƙafarta ba. A 2020 gwamnatin tarayya ta amince da sababbin gandayen ƙasa guda 10, ciki har da Baturiya, da Falgore a Kano, da dajin Kogo a Katsina. Rugu ba ya ciki.

Abin da zai yiwu

A ganina, idan akwai abin da za a fara, ƙarami ne kuma na gida. Baƙon farko ba Bature ba ne. Ɗalibin sakandare ne daga Katsina, ko na Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma da ke kusa da Zobe, ko iyalin da ke neman inda za su kai yara ranar yawon Sallah. Ja-goran ma ba sai an ɗauko shi daga nesa ba. Masuncin da ya san inda zalɓe ke kwana, da maharbin da ke gane sawun dabba a yashi, sun riga sun mallaki ilimin da ake biya a Okavango. Abin da babu shi ne wanda zai biya su don su nuna dabbar da rai, fiye da abin da za su samu idan sun kai ta kasuwa. Ga tsarin sarkin ruwa nan kuma, wanda ya san kowane mai jirgi da halinsa.

Kafin a ɗora yaro ko ɗaya a jirgi, sai an tuna Bagwai. Ranar 30 ga Nuwamban 2021 jirgi ya kife a madatsar Watari ta Jihar Kano, aƙalla mutum 29 suka rasu, yawancinsu ɗaliban Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Maulidi. Lodi ya yi yawa, rigar kariya babu. Kamfanonin kayak na ƙasashen waje ba sa barin kowa ya hau ruwa ba tare da rigar ba, suna ƙayyade yawan mutanen da ja-gora ɗaya zai kula da su, suna soke tafiya idan iska ta tashi. Wannan ɓangaren harkar ba ya buƙatar jiran sulhu ko baƙo. Masu jirgin fito a Zobe da Jibiya suna ɗaukar mutane da buhuna yau ma, ranar kasuwa har da babura.