Zuwa ga Masu Ƙaga Labari a Zango: Ku Kula da Cutar da Kuke Ƙirƙira

Ya ku 'yan'uwana marubuta da masu shirya fim na Nima da Mamobi da Sabon Zango a Accra, har da ƙannenmu da ke gangarawa Zongo Lane sayen kayan lantarki don ɗaukar wasa da wayar hannu.

Na lura a 'yan shekarun nan hankalinku ya karkata ga labaran duniyar aljanu da matsafa, kuma da wuya labari ya ƙare ba a kwantar da wani da baƙuwar cuta ba. Wannan tsohuwar hanya ce mai kyau. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, wanda ya fito a 1934, ciwon ɗan sarki ne ya sa jarumin labarin, Alhaji, ya bar gida ya shiga duniya neman magani. Sai dai tafiyar ce ta dami Imam, bai tsaya kan ciwon ba. Ku kuwa ciwon kuke sa wa a tsakiyar labari, don haka akwai haƙƙinsa a wuyanku.

Abin da ke ba ni takaici shi ne cutar da ba ta da jiki. Yarinya ta faɗi, ta yi ƙara, an turara hayaƙi, ta tashi garau. Me ya same ta? Ta ina ya fara? Kakanninmu ba su yi wannan ganganci ba. A bori kowane iska da ciwonsa da alamarsa da abin da yake so a ba shi. Alhaji Umaru na Kete Krachi, Bakano da ya rasu a 1934, da ya tashi yin waƙa kan murar da ta shigo Ghana ta jirgin ruwa a 1918, sai da ya bi yadda take kama mutum daki-daki. Idan malami ya yi wa cutar gaske wannan kallo, ta ƙage ta fi bukatarsa, domin mai karatu bai taɓa ganinta ba sai a bakinku.

A ce ka ƙago ciwon da ke cinye sunaye. Ranar farko mutum ya tsaya gaban mai koko da ƙosai, matar da ya shekara ashirin yana gaisarwa, ya buɗe baki sunanta ya ƙi zuwa. Bayan mako ya rasa na maƙwabcinsa. Kowa a gidan ya san inda abin ya dosa, amma ba mai iya faɗa: sunan mahaifiyarsa ne zai tafi a ƙarshe. To a nan ne aikinka yake. Gidan haya ne na Nima, iyali goma a tsakar gida ɗaya, famfo ɗaya, ba abin da ke ɓoyuwa. Wa ya fara janye 'ya'yansa daga ƙofar ɗakin? Wa ke shigowa da tuwo bayan isha ba tare da mijinta ya sani ba? Uwar da ke sayar da wake da shinkafa, kwana nawa za ta kife tukunya kafin jarin ya narke? Ka kafa wa ciwon doka, ka kuma riƙe ta har ƙarshen littafi. In maganinsa na bayan duwatsu bakwai, kada malam ya zaro shi daga aljihu a shafin ƙarshe don kawai ka gaji da rubutu.

Akwai abin da ya fi wannan nauyi. A Janairun 1997 jita-jita ta game Accra cewa wasu na sace wa maza al'aura ta hanyar musabaha ko gogar kafaɗa. Cikin 'yan kwanaki gungun jama'a suka kashe aƙalla mutum bakwai da duka. Likitoci sun duba masu kukan, ba abin da ya ɓace. Wannan magana ta zaga Najeriya da Kamaru da Kwaddibuwa da Senegal, ta sake tashi a Abuja a 2023. Masanin Faransa Julien Bonhomme, wanda ya bi sawunta a littafinsa na 2009, ya nuna cewa baƙo ake nuna wa yatsa, kuma a wurare da dama Bahaushe ne baƙon. Mu da dattawanmu ke tuna korar baƙi ta 1969 zamanin gwamnatin Busia, mun san abin da ke biyo bayan kalmar "ba ɗan nan ba ne". Saboda haka idan na ga fim ɗin ɗan Zango ya ɗora tushen cuta kan Bafulatanar da ke tallar fura, ko 'yar arewa mai dakon kaya a kasuwa, ko tsohuwar da ba ta haihu ba, raina yana ɓaci ƙwarai. Mai kallonku zai fita daga ɗaki ya haɗu da irin waɗannan mutane a bakin titi. In dole sai an sami mai laifi, ku nemo shi cikin masu iko na duniyar da kuka gina, ko cikin alkawarin da jarumin da kansa ya karya.

Haka kuma kada ku ari alamun cutar gaske ku sa mata rigar tsafi. Farfaɗiya da taɓin hankali suna da magani a asibitocin Korle Bu da Pantang. Amai da gudawa da suka kama sama da mutum 28,000 a Ghana a 2014, suka kashe fiye da 240, sanadinsu ruwa ne mara tsabta da kwatami irin wanda ya ratsa tsakanin Nima da Mamobi. Uwar da ta ga alamun ɗanta a fim ɗinku an ce sammu ne, tana iya ɓata kwana uku wajen turare kafin ta nufi asibitin Mamobi.

Ku ƙaga, Allah ya ƙara basira. Amma kafin ku saki labari, ku karanta wa wata dattijuwa da ta taɓa jinya, ku tambaye ta ko haka ciwo ke zama a gida, sannan ku tambayi kanku wa za a jefa da dutse in wani ya gaskata abin da kuka rubuta.

Wassalam, daga ɗan'uwanku a wannan sana'a.